Sunan Girkanci ga 'ya mace: Eudora, Tekla, Damaris, Kalista, Ebantiya ko Afiniki?

Iyayen da ke neman sunan Girkanci don 'yarsu ta hanya biyu suke zuwa. Wasu a Littafi Mai Tsarki ko tarihin ikkilisiya suka tsinci sunan. Wasu kuwa a intanet suka gani, ya yi musu daɗin ji, ga ma'ana mai kyau an rubuta a gefe, ga shi babu mai shi a unguwa. Inda ake samun tangarɗa shi ne jerin sunayen da ke yawo a intanet ma'ana kawai suke bayarwa, a layi ɗaya, wani lokaci ma ba daidai ba. Sunan Girkanci kuwa ba ya tafiya shi kaɗai. Akwai ma'anar kalmomin da aka gina shi da su, akwai labarin wadda ta fara shahara da shi, sannan idan ya shigo gidan masu jin Hausa sai harshe ya sake masa fasali. Duka ukun yarinya za ta ɗauka.

Sunaye shida aka auna a nan, a kan ma'auni biyar.

Ma'aunan

Na farko, ingancin ma'ana. Yawancin tsofaffin sunayen Girkawa haɗi ne na kalmomi biyu. Eu yana nufin kyau ko alheri, doron kyauta, theos abin bauta ko Allah, kleos shahara da ɗaukaka, anthos fure, nike nasara. Idan ana iya raba suna a ga mahaɗarsa fili, ma'anarsa tabbatacciya ce. Idan ba a iya rabawa, masana ma ra'ayi suke bayarwa, kuma duk shafin da ya ba ka amsa ɗaya tak zaɓa ya yi a madadinka.

Na biyu, labarin da ke manne da sunan, kuma a nan haɗari ya fi yawa. Sunayen Girka daga rijiya biyu ake ɗebo su: tatsuniyoyin gumakan dā, da tarihin Kiristanci na farko. Iyali Kirista zai so ya san ko sunan yana cikin Littafi Mai Tsarki ne, ko a tarihin waliyyai kawai, domin ba duk ɗariku ne ke ɗaukar biyun daidai ba. Iyali Musulmi kuma zai duba ko sunan na abin bautar wasu mutane ne, ko ya keɓanta da wani addini. Ya tabbata cewa Manzon Allah (SAW) ya canza sunan wata daga Asiya mai ma'anar saɓo (ba irin sunan Asiya matar Fir'auna ba) zuwa Jamila, ya kuma canza Barra zuwa Zainab saboda yabon kai da tsoron Allah da ke cikinsa. Don haka ma'ana ba abin wasa ba ce, kuma kafin a raɗa wa jaririya baƙon suna ya kamata a kai wa malami cikakken bayani, tushe da labari, ba layi ɗaya ba.

Na uku, sauƙin furuci. Abu huɗu ne ke ba Bahaushe wahala. Harafin da ake rubutawa th irin "ث" na Larabci ne, wanda Hausa ta saba mayarwa s, kamar a Usman da hadisi, amma mai karantawa daga boko t zai ce. Harafin d a bakin Girkawan yau irin "ذ" ne. Eu kuma Girkawan yau ev ko ef suke furta shi, Turawan Ingila su ce yu, Bahaushen da ya gan shi a takarda ya ce e-u. Na huɗu shi ne baƙi biyu a jere babu wasali, kamar kl, wanda harshenmu ke cusa wa wasali a tsakiya.

Na huɗu, tsada. Suna ba a sayensa, amma gyaransa kuɗi ne. A Najeriya dokar 1992 ta wajabta rajistar haihuwa cikin kwana 60, kuma daga takardar Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa sunan ke wucewa zuwa makaranta, lambar NIN, jarrabawar WAEC da NECO da JAMB, asusun banki da fasfo. Harafi ɗaya ya bambanta tsakanin biyu daga cikinsu, an shiga rantsuwa a kotu, buga sanarwa a jarida, biyan kuɗin gyara da zirga-zirga ofis-ofis, sau da yawa a daidai lokacin da yarinya ke neman gurbin jami'a. A Nijar da Kamaru da Chadi kuma ma'aikacin rajista da ƙa'idar Faransanci yake rubutu. Saboda haka tsadar suna tana tafiya da yawan hanyoyin da za a iya rubuta shi.

Na biyar, ɗorewa. A Girka abu biyu suka riƙe sunaye tsawon ƙarnuka. Ana sa wa yara sunan kakanninsu, kamar yadda muke mayar da sunan kaka a kan jika. Cocin Otodoks kuma ya fi son a yi baftisma da sunan waliyyi, kuma kowane waliyyi yana da ranarsa a shekara, wadda mai sunan ke karɓar gaisuwa a cikinta, a gidaje da yawa fiye da ranar haihuwa. Sunayen da suka samu waliyyi sun rayu ba yankewa. Waɗanda ba su samu ba da yawa sun kwanta, sai wajen yaƙin neman 'yancin Girka na 1821 aka sake tono sunayen zamanin dā da gangan. Ga iyaye a nan, tambayar ɗorewa ita ce ko sunan zai dace da jaririya, da amarya, da kuma dattijuwa mai jikoki.

Ƙarancin suna ba ya cikin ma'aunan da gangan. Shi ne abin da ya fi jan iyaye, shi ne kuma ya fi saurin gushewa: sunan da babu mai shi a unguwa bana, fim ɗaya ya isa ya cika aji da shi.

Eudora

Eu da doron, wato kyakkyawar kyauta, ko mai kyauta ta alheri. Mahaɗar a fili take, ba gardama. Danginsa su ne Tiyodora da Dorotiya, masu ma'anar kyautar Allah, kuma a Hausa Kyauta ce takwararsa, a Larabci Hadiyya. Kada a haɗa shi da Eudokiya, wanda suna ne daban mai ma'anar yarda da kyakkyawar niyya.

Tushensa tatsuniya ne. Mawaƙi Hesiyod, wanda ya rayu wajen shekara 700 kafin Miladiyya, ya ambaci Eudora cikin 'ya'ya mata 50 na Neriyus, tsohon teku, ya kuma sake ambaton sunan cikin 'ya'yan Okiyanus, wani abin bautarsu na ruwa. Wasu marubutan dā sun sa wata Eudora cikin 'yan'uwa matan da aka ce sun zama taurarin da ke zuwa da ruwan sama. Girkawan dā sun lissafa waɗannan cikin ƙananan ababen bautarsu, amma Eudora ba ta da labari nata, suna ne a cikin jeri. Wannan ya rage nauyin, bai shafe shi ba.

A zamanin nan an fi saninsa ta hanyar marubuciyar Amurka Eudora Welty (1909 zuwa 2001), wadda ta ci kyautar Pulitzer a 1973, har aka sa wa wata tsohuwar manhajar aika wasiƙun intanet ta 1988 sunanta.

Furuci ne rauninsa. Mutum uku za su kira shi iri uku: Yudora, E-udora, Ebdora. Mafita ita ce a tsayar da Eudora a takarda, a tsayar da Yudora a baki, kuma ranar rajista a miƙa wa ma'aikaci sunan a rubuce da manyan baƙaƙe. Idan aka faɗa masa da baki, Yudora ko Udora zai rubuta. Gajeren Dora yana da sauƙi ga kowa, kuma ko yara sun mayar da shi "ɗora" ba zagi ba ne.

Tekla

Gajeren Theokleia ne, theos da kleos, wato ɗaukakar Allah. Ma'anar tana da ƙarfi kuma ingantacciya ce. Labarin ne ke buƙatar a zauna a kai.

Tekla ba ta cikin Littafi Mai Tsarki. Labarinta yana cikin wani rubutu na ƙarni na 2 da ake kira Ayyukan Bulus da Tekla, wanda ba a shigar cikin Sabon Alkawari ba. A cikinsa budurwa ce 'yar Ikoniya, birnin da ake kira Konya a Turkiyya ta yau. Ta saurari wa'azin manzo Bulus ta taga, ta fasa auren da aka sa mata rana, aka yanke mata hukuncin ƙonawa, ruwan sama da ƙanƙara suka kashe wutar. A Antakiya aka jefa ta ga namun daji, zakanya ta tare mata, ita kuma ta yi wa kanta baftisma. Wajen shekara ta 200 malamin Kirista Tertuliyan na Kartaj ya soki rubutun, ya ce wani dattijon ikkilisiya a Asiya Ƙarama ne ya tsara shi har aka sauke shi daga muƙami. Duk da haka martabar Tekla ta bazu. Matafiyiya Egeriya ta ziyarci wurin da ake girmama ta kusa da Selukiya, Silifke ta yau, a shekarar 384. Akwai gidan ibada da sunanta a Ma'alula ta Siriya, kuma ita ce waliyyiyar birnin Taragona a Sifaniya, inda ake bikinta ranar 23 ga Satumba. Otodoks suna tunawa da ita ranar 24 ga Satumba, suna kiranta mai daidai da manzanni.

Abin da wannan ke nufi a aikace shi ne, ga iyali Katolika ko Otodoks suna ne mai asali da shekara kusan 1,800 a bayansa. Ga iyalin da ke son suna daga Nassi kawai, ba ya ciki, kuma gara a sani kafin fasto ya tambaya. Ga Musulmi kuwa, ko da yake ma'anar ba ta da aibi, sunan ya keɓanta ƙwarai da waliyyiyar Kiristoci.

Akwai tarko ga masu son cikakken sunan don ya fi tsawo da ado: a cikin wancan labari Theokleia ita ce uwar Tekla, wadda ta nemi a ƙona 'yarta. Kada kuma a haɗa shi da Tekle na Habasha, wanda sunan maza ne daga harshen Gi'iz, tushensu ba ɗaya ba.

A bakin Hausa kl ba ya zama. Tsofaffi za su ce Tekala ko Takala, kuma "takala" a Hausa tsokana ce da neman faɗa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga yarinyar da za ta yi firamare cikin masu jin Hausa. Rubutu ma iri-iri ne: Thekla, Thecla, Tekla, Tecla, sai na Faransanci, Thècle, mai alamar da fasfo ba ya ɗauka a layin da na'ura ke karantawa. Tekla ne mafi ƙarancin rikici.

Damaris

Sau ɗaya tak sunan ya bayyana a Littafi Mai Tsarki, a Ayyukan Manzanni 17:34. Wajen shekara ta 50 Miladiyya Bulus ya yi jawabi a Atina gaban majalisar Ariyofagus, wato Tudun Arasa. Yawanci ba su karɓa ba, amma aka ambaci mutum biyu da suna cikin waɗanda suka ba da gaskiya: Diyonisiyas, ɗan majalisar, da wata mace mai suna Damaris. Iyakar abin da Nassi ya faɗa ke nan. Ba a jingina mata wani laifi ba, don haka ta fuskar labari sunan tsaf yake.

Ta fuskar ma'ana kuwa shi ne mafi rauni cikin shidan, domin ba haɗi ba ne da za a raba. Ra'ayin da ya fi yawa yana danganta shi da damalis, wato karsana. Wani ra'ayin yana kai shi ga damar, matar aure, kuma Yohanna Kirisostom, babban malamin ikkilisiyar dā, ya ɗauke ta a matsayin matar Diyonisiyas. Ma'anar "mai sanyin hali" da ake gani a intanet daga aikatau mai nufin horarwa aka jawo ta. Ga Girkawan dā kamanta mace da saniya yabo ne, mawaƙi Homa ma yana yi wa gunkiya Hera kirari da mai idon saniya. Sai dai iyaye su shirya amsar da za su ba yarinya ranar da ta bincika ta ga karsana.

Ɗorewarsa mai kyau ce. Furotestan na Ingila sun raya shi bayan gyaran ikkilisiya, kuma Damaris Masham (1659 zuwa 1708), masaniyar falsafa da masanin Ingila John Locke ya ƙarasa rayuwarsa a gidansu, tana cikin fitattun masu sunan. A Kenya sananne ne, a cikin Kiristocin arewacin Najeriya ma ana jinsa.

Furuci da rubutu babu wanda ya kai shi sauƙi. Gaɓa uku, babu baƙi biyu a jere, rubutu ɗaya a Turanci da Faransanci da Hausa. Abin da zai faru kawai shi ne a ƙara masa wasali a ƙarshe, kamar yadda Bilkis ta zama Bilkisu. A bar wannan a baki, kada ya hau takarda.

Kalista

Daga kallistos, mafi kyau, wato ƙololuwar kalos, mai kyau. Takwararsa a Larabci ita ce Husna. Ma'ana ba gardama. Amma sunaye uku ne masu kama da juna a nan, kuma harafin ƙarshe ne ke raba su.

Kallisto, mai ƙarewa da o, ita ce ta tatsuniya: 'yar Likawon sarkin Arkadiya, abokiyar farautar gunkiya Artemis, ta kuma yi alkawarin zama budurwa. Zeyus, babban gunkinsu, ya yaudare ta, ta haifi Arkas, aka mayar da ita dabbar beyar, daga baya aka ɗora ta a sama ta zama rukunin taurarin nan na arewa da ake kira Babbar Beyar. Labari ne na cin zarafi da hukunta wadda aka zalunta, kuma ba abin da uba zai so ya ba 'yarsa labari ba ne idan ta tambayi asalin sunanta. Da wannan suna ake kiran ɗaya daga cikin manyan watanni huɗu na duniyar Jufita da masanin taurari Galileyo ya hango a Janairun 1610.

Kalliste ko Kallisti sifa ce ta mace, mafi kyau. Masanin tarihi Herodotus ya ce shi ne tsohon sunan tsibirin Tera, Santorini ta yau. Akwai kuma shahidiya Kallisti da Otodoks ke tunawa ranar 1 ga Satumba tare da 'yan'uwanta Ebodus da Hamojinis. Callista ko Calista kuma siffar Latin ce, takwarar sunan maza Kallistus, wanda wani Fafaroma na ƙarni na 3 ya ɗauka. Ta wannan hanya sunan ya shigo Najeriya, kuma a cikin Katolikan ƙasar Ibo ba baƙo ba ne. Wanda ya zaɓi mai ƙarewa da a ya ɗauki sifar, ya bar tatsuniyar. Nan ne shawarar take.

Game da yabon kai, kyan halitta daban yake da da'awar tsoron Allah, shi ya sa Jamila da Husna suke yawo a gidajenmu ba tare da an ce komai ba. Duk da haka mai son Kalista don ma'ana kawai ya tambayi kansa abin da sunan ya fi Husna da shi.

Furuci ba wuya. Tsadar tana rubutu: C ko K, l ɗaya ko biyu, wato siffa huɗu. Bahaushe yana karanta c a matsayin farkon "ciki", don haka Calista za ta iya zama Chalista. Yana kuma furta baƙi mai ninki, Kallista da Kalista daban suke a kunnensa. Girkawan Atina na yau ba sa ninka l ɗin a furuci. K da l ɗaya shi ne zaɓin da ya fi zama lafiya.

Ebantiya

Asalin rubutunsa Evanthia ko Euanthia: eu da anthos, mai kyakkyawan fure, wadda ta yi huda da kyau. Ma'ana tsabtatacciya, babu gunki a bayansa. Otodoks suna tunawa da shahidiya Ebantiya ranar 11 ga Satumba tare da mijinta Dimitiriyas da ɗansu, mutanen Iskefsis a Asiya Ƙarama. Fitacciyar mai sunan ita ce Evanthia Kairi (1799 zuwa 1866), 'yar tsibirin Andros, malamar makarantar 'yan mata kuma marubuciya, wadda ta rubuta wasan kwaikwayo a 1826 a kan faɗuwar Misolongi lokacin yaƙin 'yanci. A Girka sananne ne, a nan ne baƙo.

Shi ne mafi wahala a baki da takarda. V da th duka babu su a Hausa, don haka za a ji Ebantiya, Efantiya, Ibantiya, har Ibansiya, kuma kowanne zai iya hawa wata takarda. Gajerunsa a Girka Evi ne da Anthi. Na biyun a nan "Anti" zai koma, jaririya tana goye ana kiranta da abin da ake kiran ƙanwar uwa. Kyan ma'anarsa ya kai a sha wahala a kai, amma fa yarinyar ce za ta sha wahalar, tana gyara wa mutane sunanta har tsufa.

Afiniki

Mutane da yawa ba su san na Girkanci ba ne. Shi ne Eunike: eu da nike, kyakkyawar nasara, takwarar Nasara da Fa'iza. A 2 Timoti 1:5 Bulus ya yabi bangaskiyar da ta fara zama cikin Loyis, kakar almajirinsa Timoti, da mahaifiyarsa Afiniki. Ayyukan Manzanni 16:1 ya nuna Bayahudiya ce mai bi, mijinta Bahelene, wato mutumin Girka, a yankin Listira. Hesiyod ma ya sa wata Eunike cikin 'ya'yan Neriyus, kuma Nike sunan gunkiyar nasara ce, amma kalmar ta yau da kullum ce a harshen, ita ce ma a ƙarshen sunan birnin Tasalonika. Mahaifiyar Timoti ce ta riƙe sunan a duniya.

Siffar Hausar ta cancanci a tsaya mata. Girkawan yau Evniki suke cewa, fassarar Larabci ta ce Afniki, Hausa ta cusa wasali ta ce Afiniki. Ke nan ta fi "Yunis" na Turanci, wanda ake rubutawa Eunice, kusa da bakin masu harshen. "Yunis" kuma yana karo da Yunus da Yunusa, sunan maza, abin da ke jawo ruɗu a rajistar aji da katin asibiti.

A furuci an gama aikin tun da daɗewa, cikakken Littafi Mai Tsarki na Hausa yana hannun mutane tun 1932. Kaka za ta kira shi ba tuntuɓe. A cikin Kiristoci masu jin Hausa na Kaduna da Filato da maƙwabtansu ba za a ce ba a cika jinsa ba, amma da zarar an fita daga yankin baƙon suna ne. Haɗarinsa ɗaya ne, kuma na takarda ne: Afiniki a katin baftisma, Eunice a makaranta. Ga iyaye suna ɗaya ne, ga kwamfutar hukuma mutum biyu ne.

A taƙaice cikin jadawali

Suna | Ma'ana | Tushe | Furuci a Hausa | Tsadar takarda | Babban haɗari
Eudora | kyakkyawar kyauta, tabbatacciya | tatsuniyar dā | matsakaici | matsakaiciya | kira iri uku, ƙaramar alaƙa da gumaka
Tekla | ɗaukakar Allah, tabbatacciya | tarihin waliyyai | da ɗan wuya | mai yawa | ya koma Takala, ba ya cikin Nassi
Damaris | ana saɓani | Ayyukan Manzanni 17:34 | mai sauƙi ƙwarai | kaɗan | ma'anar karsana
Kalista | mafi kyau, tabbatacciya | sifa da waliyyai | mai sauƙi | matsakaiciya | ruɗewa da Kallisto
Ebantiya | mai kyan fure, tabbatacciya | sifa da waliyyai | mai wuya | mafi yawa | rubutu barkatai, "Anti"
Afiniki | kyakkyawar nasara, tabbatacciya | 2 Timoti 1:5 | mai sauƙi ƙwarai | kaɗan idan an tsaya a siffa ɗaya | haɗa shi da Eunice

Kafin ranar suna akwai gwaji uku da ba sa cin ko sisi. A faɗa wa mafi tsufa a gidan sunan sau ɗaya, a ji yadda za ta maimaita shi washegari, domin abin da ta faɗa shi ne zai zauna. A karanta wa mutum uku shi su rubuta ba tare da sun gani ba, idan aka samu rubutu uku an san tsadarsa. Sannan a haɗa shi da sunan uba a faɗa da ƙarfi, a ji ko ƙarshen ɗaya da farkon ɗaya sun haifi wata kalma.

Wanne ya dace da wa

Iyali Kirista da ke son suna daga Nassi, wanda kaka za ta iya kira kuma ma'anarsa ba ta da gardama, Afiniki ne nasu, kuma a ganina shi ne ya fi cika ma'aunan nan biyar. Sharaɗin kawai kada Eunice ya hau ko takarda ɗaya. Idan yarinyar za ta tashi tsakanin ƙasashe, ko tsakanin makarantun Turanci da Faransanci, Damaris ya fi, domin ba ya canza rubutu a ko'ina, muddin iyaye sun yarda cewa mai sunan suka zaɓa, ba ma'anar ba.

Katolika ko Otodoks da ke son waliyyiya mai dogon tarihi da ranar tunawa, Tekla, musamman idan a inda Hausa ba ita ce harshen wasan yara ba za a yi renonta. A Kano ko Zinder ko Maraɗi, Kalista ya fi shi kwanciyar hankali.

Iyayen da suka daɗe suna jiran haihuwa kuma suke son sunan ya faɗi haka, Eudora. Wanda alaƙar tatsuniyar ta dame shi ya koma ga Dorotiya ko Tiyodora, waɗanda suka ambaci mai ba da kyautar. Ebantiya ya dace da gidan da ke da dangantaka ta gaske da Girka ko Kuburus, ta aure ko zama, inda akwai masu furta shi daidai da kakar da ake mayar wa suna. In ba haka ba a sa shi na tsakiya.

Ga iyali Musulmi, Tekla da Damaris da Afiniki sun ɗauru da tarihin Kiristanci, Eudora kuma yana da igiya zuwa tatsuniyar gumaka. Kalista da Ebantiya ne suka faro a matsayin sifa zalla, su ne za a iya kai wa malami, tare da bayanin cewa dukansu akwai waliyyan Kirista da suka ɗauke su. Idan ya ga da matsala, Husna tana ɗauke da ma'anar na farko, Zahra mai nufin fure tana ɗauke da ta na biyu, kuma ma'aikacin rajista a Sakkwato ko Yamai zai rubuta su ba sai an maimaita masa ba.